Kwabo Ya Ɓace, Ɗigo Yana Nan

Akwai wata magana da ta zauna a bakin iyaye da dama a Talata Mafara da Bakura da Maradun, kuma masu yin ta mutane ne masu hankali, waɗanda suke cire kuɗin littafi da na kayan makaranta daga guminsu. A ganinsu ɓata lokaci ne a tsare yaron ƙaramar sakandare mako da makonni ana koya masa tarawa da ɗebewar lambobi masu ɗigo. Uba zai buɗe littafin ɗansa ya tarar an ce a tara ₦12.50 da ₦7.25, sai ya girgiza kai ya ce, "Malam, don Allah ina kwabon yake? Wa zai ba ka canjin kwabo ashirin da biyar a kasuwar Mafara? A koya musu abin da zai amfane su mana." Na gefensa kuma ya ƙara da cewa ko lissafin ya taso, ai ga kalkuleta nan a kowace waya.

Rabin wannan magana gaskiya ce, kuma ba zan yi jayayya da ita ba. An daɗe rabon da a ga kwabo yana yawo a hannun jama'a. Ko a 2007 da Babban Bankin Najeriya ya fito da sababbin tsabar kuɗi na kwabo 50 da naira 1 da naira 2, ba su karɓu ba. Yau naira biyar da naira goma ma sun koma abin da mai shago yake cikewa da alawa. Yaron da ke aji ɗaya na ƙaramar sakandare bai taɓa riƙe kwabo ba, don haka idan littafi ya ce masa fensir ₦2.50 ne, ya san ba duniyarsa ake faɗa masa ba. Iyayen kuma suna da wani uzurin da ya fi wannan nauyi. Yankin nan ya sha rufe makarantu: an rufe a 2020 saboda korona, an sake rufewa a Satumbar 2021 bayan sace ɗalibai a Kaya ta ƙaramar hukumar Maradun. Uban da ya ga zangon karatu yana wucewa ɗansa na gida yana da haƙƙin ya tambaya ko ɗan lokacin da ya rage ana kashe shi inda ya dace.

Inda na rabu da su shi ne ɗaukar da suka yi cewa kwabo da ɗigo abu ɗaya ne, in wannan ya mutu wancan ma ya bi shi. Kwabo wuri guda ne kawai daga wuraren da ɗigo yake aiki. Ko shi kwabon ma daga aljihu ya ɓace, bai ɓace daga asusu ba. Duk mai ajiya a banki ya ɗauko wayarsa ya duba alat na ƙarshe da ya shigo masa, zai ga lambobi biyu a bayan ɗigo. A tsarin Babban Banki da ya fara aiki a farkon 2020, kuɗin tura kuɗi zuwa wani banki ₦10 ne ko ₦25 ko ₦50, gwargwadon yawan abin da aka tura. Da aka ɗora harajin kashi 7.5 cikin 100, sai suka koma ₦10.75 da ₦26.88 da ₦53.75. A Maris 2021 kuma aka tsayar da ₦6.98 a kan hada-hadar banki ta hanyar danna lambobi a waya. A wancan tsari na 2020, wanda ya yi turi uku a wuni, ƙarami da matsakaici da babba, an cire masa ₦91.38. Ba za ta talauta kowa a rana ɗaya ba, amma da yayyafi kogi kan cika, kuma matashin da ya kafa laima yana sana'ar POS a bakin tasha ribarsa tana cikin irin waɗannan ƙananan lambobi. In bai iya tara su ba, dare zai yi ya ga kuɗinsa ba su cika ba, ya rasa ta inda suka zurare.

Haka abin yake a gidan mai. Ɗan kabu-kabu ya ce a zuba masa na ₦3,000, in lita tana ₦900, abin da famfo zai nuna 3.33 ne. Mitar wuta ta kati ma da ɗigo take ƙirga abin da ya rage. To amma waɗannan duk na kowa da kowa ne a ƙasar nan. Mu muna da abin da ya fi kusa da mu.

Madatsar ruwa ta Bakolori, wadda aka kammala a 1978 a kan Gulbin Sakkwato, ita ce ta haɗa ƙananan hukumomin Talata Mafara da Bakura da Maradun a noman rani guda, a fili mai faɗin kusan hekta 23,000. Tun daga ranar da injiniyoyi suka shigo da abin awonsu, gona a wannan yanki ta tashi daga "daga tsamiyar can zuwa bakin rafi" ta koma lamba a takarda. Dattawanmu ba su manta da 1980 ba, shekarar da rikici a kan diyya da rabon filaye ya kai ga asarar rayuka. Ban ce ɗigo ne ya haddasa wannan musiba ba, dalilanta sun fi haka girma. Abin da nake cewa shi ne, tun wancan lokaci manomin Bakolori yake rayuwa da takardun da wani ya auna, wani ya rubuta, shi kuma aka ce ya sa hannu. Mafi yawan manoma kuwa ba masu hekta goma ba ne. Filayensu gutsattsari ne, ƙasa da hekta guda, wato lambobin da suke farawa da sifili da ɗigo. Da su ake lissafin kuɗin ruwa, da su ake lissafin taki da iri, da su ake neman rance.

Mu ɗauki manomi mai fili biyu, ɗaya hekta 0.4, ɗaya hekta 0.25. Ya kira ɗansa ya ce, "Kai ɗan boko, zo ka haɗa mini." Yaron ya jera lambobin yadda ya saba tun firamare, ya daidaita su ta hannun dama, 4 ta faɗo a ƙarƙashin 5, ya tara ya sami 0.29. Amsar gaskiya 0.65 ce. Tsakanin biyun akwai hekta 0.36, kusan eka guda ke nan, tunda eka ba ta wuce hekta 0.4 da ɗan kaɗan ba. Dubi abin da ya faru da kyau: an tara fili biyu, jimlar ta fito ƙasa da babban cikinsu. Uban da bai taɓa shiga aji ba, da za a nuna masa wannan a ƙasa, nan take zai ce ba ta yiwuwa. Yaron ne bai gani ba, domin a wurinsa lambobin ba su da alaƙa da ƙasar da yake takawa kullum. Idan da wannan 0.29 aka rubuta sunan uban a rabon taki, an rage masa fiye da rabin haƙƙinsa, kuma ba wanda ya cuce shi, ɗansa ne ya rubuta.

Ɗebewa ta fi tarawa kayar da yara, musamman in lamba ɗaya ba ta da ɗigo. Manomi ya sayo fetur jarka guda, lita 25, don injin ban ruwa. Ranar farko injin ya sha lita 7.5, rana ta biyu lita 6.75. Nawa ya rage? Yaro mai ƙoƙari zai haɗa ya sami 14.25. Daga nan sai ya ɗebe 14 daga 25 ya sami 11, ya sauko da .25 yadda take, ya ce saura 11.25. Saura 10.75 ne. Bai san cewa 25 ita ce 25.00 ba, kuma dole ya yi aro daga lita guda ya farfasa ta kafin ya cire rubu'in. Rabin lita ce ta shiga tsakani. A takardar jarrabawa maki biyu ne suka tafi, a gona kuwa injin ne zai tsaya kafin ruwa ya kai ƙarshen kunya.

Wurin da abin ya fi tayar mini da hankali shi ne asibiti, kuma a nan nake roƙon iyaye maza su saurara, domin mata ne suka fi zuwa can. Ma'aikatan lafiya suna ɗaukar jaririn da aka haifa ƙasa da kilo 2.5 a matsayin mai ƙarancin nauyi, wanda yake bukatar kulawa ta musamman. A ce an rubuta 2.45 a katin jariri. Yara da yawa, da manya ma, za su ce 2.45 ta fi 2.5, tunda 45 ta fi 5. Alhali 2.5 ita ce 2.50, jaririn yana ƙasa da iyakar da giram 50. Zaren nan mai launi uku da ake zagaya wa damtsen yaro don gano tamowa, jan yana ƙasa da santimita 11.5, ruwan ɗorawa daga nan zuwa 12.5. Uwar da aka sallamo da yaro aka ce ta riƙa kawo shi awo, in wancan mako an rubuta 6.8 wannan mako 7.05, ƙarin kilo 0.25 ne, rubu'in kilo. Wanda ya karanta 7.05 a matsayin 7.5 zai yi murnar ƙarin da bai samu ba, ya sassauta. Ga kuma murfin awo na maganin zazzaɓin yara, da layinsa na 2.5 da na 5. A gidaje da yawa a ƙauyukanmu, yarinyar da take ƙaramar sakandare ita ce mai karanta wa uwarta katin asibiti da takardar magani. Ita muke cewa kada a ɓata mata lokaci da ɗigo?

Sauran misalan ba sai an tsawaita ba. Mai sayar da gwal da aka auna masa giram 1.05 ba daidai yake da mai 1.5 ba, kusan rabin giram ne a tsakaninsu, kuma kowa a Zamfara ya san darajar rabin giram. Ɗalibin Kwalejin Kimiyya da Fasaha ta Abdu Gusau da ke Talata Mafara ya san cewa tsakanin 2.99 da 3.00 akwai matakin sakamako guda cur. Ɗan kasuwar da yake hulɗa da Maraɗi kuma ya kamata ya san cewa a can waƙafi suke sawa inda muke sa ɗigo, 2,5 ɗinsu ita ce 2.5 ɗinmu.

Sai batun kalkuleta. Ni ba na gaba da ita, kuma ban ga laifin mai shago da ya ɗauko ta ba. Amma abin da aka danna mata shi take tarawa. Wanda bai bambance 7.05 da 7.5 ba, kuskurensa zai danna, ita kuma ta mayar masa da shi cikin sauri, ya karɓa da natsuwa tunda na'ura ce ta faɗa. Ko amsar da ta bayar sai an iya karanta ta. Ta nuna 14.5 a lissafin kuɗi, yaro ya ce naira goma sha huɗu da kwabo biyar, alhali kwabo hamsin ne. An yi hayar injin ban ruwa da awa, ta nuna 1.5, wani ya ce awa ɗaya da minti biyar, wani ya ce da minti hamsin, gaskiyar kuwa awa ɗaya da rabi ce, wato awa ɗaya da minti 30. Abin da muke so yaro ya fita da shi daga aji shi ne idon da zai kalli amsa ya ce, "A'a, wannan ba ta yi kama da gaskiya ba, a sake." Wannan idon ba ya zuwa sai an yi lissafin da hannu har ya zauna.

Wasu iyayen a ƙarƙashin maganarsu akwai tausayi. Suna ganin abin ya yi wa yara wuya, sun ga ɗansu yana dawowa da jan biro, sai su ce a bar shi. A nan ina so mu tuna da kakanninmu. Kafin 1 ga Janairu 1973, ranar da naira da kwabo suka maye gurbin fam da sule, kwabo 12 ne sule guda, sule 20 ne fam guda, ga sisi ga taro a tsakani. Mai sayar da auduga ko gyaɗa yana tsaye gaban sikeli zai tara sule bakwai da kwabo tara da sule biyar da sisi, ya san kwabo goma sha biyar sule guda ne da taro, ya ce sule goma sha uku da taro, ba takarda ba alli. Wannan ya fi lissafin ɗigo wuya nesa ba kusa ba, domin kowane mataki da nasa ma'auni. A lissafin ɗigo kuwa doka ɗaya ce daga farko har ƙarshe: goma na wannan gida su ne ɗaya na gidan da ke hagunsa. Har anini, wanda goma suke yin kwabo guda, kakanninmu sun kashe shi a kasuwa, wato sun yi aiki da kashi ɗaya cikin goma tun kafin a rubuta musu shi da ɗigo. Jikokin waɗannan mutane ba za a ce ƙwaƙwalwarsu ta gaza ba.

Ba kuma ilimin da ya zo mana daga Turawa kaɗai ba ne, ga masu ƙyamarsa ta wannan fuska. Malamin lissafi Abul Hasan al-Uƙlidisi ya yi amfani da irin waɗannan lambobi a littafin da ya rubuta a Dimashƙa wajen shekarar 952, yana sa 'yar alama a kan gidan ɗaiɗai. Jamshid al-Kashi ya shimfiɗa ƙa'idojinsu a Samarƙand a littafinsa Miftahul Hisab a 1427. Sai a 1585 Simon Stevin, mutumin Bruges a ƙasar Beljiyam ta yau, ya fitar da ɗan littafin da ya yaɗa su a Turai. Yaronmu na Islamiyya ma yana da rabin ilimin a hannu bai sani ba. Ya san zakkar kuɗi ɗaya ce cikin arba'in, ita ce kashi 2.5 cikin 100. Ya san a rabon gado akwai nisfi da rubu'i da sumuni, kuma ba za ka ruɗe shi a kan wanne ya fi girma ba. To rubuta masa 0.5 da 0.25 da 0.125 ka ce ya nuna babba, sai ka ga ya nuna 0.125 saboda ta fi tsawo. Ka ce masa, "Wannan fa sumuni ce, waccan gajerar nisfi," ka ga yadda fuskarsa za ta sauya. Abu biyu da ya sani a wurare daban-daban sun haɗu a kansa.

Saboda haka ƙorafin iyaye yana da wurin zuwa, sai dai ba a soke darasin ba, a gyara yadda ake koyar da shi. A nan maganata da 'yan'uwa malamai ce. Mu daina karanta 2.75 da cewa "biyu ɗigo saba'in da biyar". Wannan karatun shi yake dasa wa yaro cewa abin da ke bayan ɗigo wata lamba ce mai zaman kanta, shi ya sa in an ba shi 0.5 da 0.75 yake tara 5 da 75 ya sami 80. A ce "biyu ɗigo bakwai biyar", a kuma tambaye shi bakwai ɗin na mene ne, biyar ɗin na mene ne. A sa shi ya jera ɗigo a ƙarƙashin ɗigo, ya cike guraben da ba kowa da sifili kafin ya fara. Kafin ya taɓa biro kuma a tambaye shi, "A ganinka amsar za ta kai nawa? Ta wuce ɗaya ko ba ta kai ba?"

Kayan aikin ba sa bukatar kasafin gwamnati. Malam ya shigo aji da babbar gorar ruwa ta lita 1.5, da ƙarama ta 0.75, da ledar ruwa uku masu rabin lita. Ya fasa leda biyu ya juye a babbar gora, ya ja layi da biro a inda ruwan ya tsaya, ya ce wa yara nan ne lita ɗaya, sannan ya zubar a tukunyar shuka. Ya rubuta 0.75 + 0.5 a allo ya bar su su yi. Za a sami masu 0.80, za a sami masu 1.25, gardama ta kaure. Sai ya kira ɗaya daga masu 0.80 ya ce, "In amsarka daidai ce, ruwan zai kai layi ko ba zai kai ba?" Yaron ya ce ba zai kai ba. A miƙa masa ƙaramar gora cike da ruwa da ledar da ta rage, ya juye da hannunsa, ajin duka na kallo ruwan ya haura layin ya wuce. Daga nan tambayar ɗebewa ta zo da kanta: saura nawa gorar ta cika? 1.5 a cire 1.25, saura 0.25. Yaron da ya juye ruwan nan da wuya ya sake rubuta 0.80. Washegari a kawo tef ɗin magina a auna ƙofa da taga, a ga bambancin mita 1.05 da mita 1.5 da ido. Jibi a kwafo lambobin alat a allo, ba suna ba lambar asusu, a bi su ɗaya bayan ɗaya a ga ko ragowar ta yi daidai. Misalin fensir na ₦2.50 kuwa a bar shi ya huta.

Yaran da rufe makarantu ya cinye musu ajin firamare na tsakiya, inda ake kafa sanin gidajen lambobi, suna bukatar a koma da su baya kaɗan ba tare da an kunyata su ba. Mako biyu da aka kashe a kan wannan ya fi a ruga don a ƙare manhaja, domin kashi cikin ɗari da riba da faɗuwa da awon fili, har kimiyyar da ke jiransu a babbar sakandare, duk a kan wannan tubali suke zaune.

Ku kuma iyayenmu, Allah ya ƙara girma, ba a ce sai kun iya lissafin da kanku ba. Idan alat ya shigo, ku miƙa wa yaro waya ku ce ya ɗebe abin da aka cire daga abin da ke ciki, ya faɗa muku ko ragowar ta yi daidai. Idan an dawo daga awo, ku sa 'yarku ta gwada nauyin wannan wata da na wancan ta faɗi ƙarin. Idan takardar fili ta zo, ku zaunar da ɗanku ya haɗa, ku kuma ku auna amsarsa da abin da kuka sani na gonarku. In ya kasa, kada ku ce darasin ne ba shi da amfani. Ku je makarantar ku sami malaminsa, ku nemi a sake koya masa.